Kek ɗin Inna a Tukunyar Yashi

Har na gama sakandare Inna ba ta taɓa ce mini "ke" ba. Ni ce 'yar farinta, kuma a gidanmu na Toranke, kamar gidaje da yawa a wajenmu, uwa tana jin kunyar ɗan fari. Ba ta kiran sunansa, ba ta yi masa wasa a gaban mutane, ba sa cin abinci kwano ɗaya. Sai dai Inna ta kai tata kunyar inda tsofaffin gidan ma suke yi mata dariya. A ruga ta yi ƙuruciya, wajen dangin mahaifiyarta, kuma can ta ɗauko ta. Ba sunana kaɗai take ɓoyewa ba, har "ke" da "ki" da "kin" ta cire daga bakinta idan da ni take. Sai ta ce, "An tashi lafiya?" Ko ta ce, "A zo a ɗauki abinci." Fuskarta tana kallon rumbu ko igiyar shanya, kamar da iska take magana, ni kuma na yi sa'a na tsinci zancen.

Ana yaye ni aka kai ni Gaya wajen Goggo, yayar Baba. Ita ta raine ni, ita ta sa ni makaranta, kuma a bakinta ban rasa "ke" ba, safe da yamma, ta faɗa da ta lallashi. Toranke sai da hutu nake zuwa. Ban taɓa zaton Inna ba ta so na ba. Tsokar da ta fi girma a kwanona nake samunta, kuma duk hutu zan tarar da sabon zane a ninke a ƙarƙashin matashina, babu wanda zai ce shi ya ajiye. Amma idan na ji ta tana ce wa ƙanwata, "Ke, sauko daga katangar nan kafin in zo," sai in tsaya da abin da nake yi. Ƙanwata tana tura baki don an yi mata tsawa, ni kuwa tsawar nake sha'awa.

Kaka, mahaifiyar Baba, ita ce tafintarmu. Inna za ta ce, "A tambayi baƙuwa ko tana shan kunun tsamiya." Kaka ta juyo gare ni, ko da yake ina zaune kusa da su, ta ce, "Ke 'yar boko, an ce kina shan kunu, ko bakinki ya fi ƙarfinsa, sai shayi?"

Akwai abu ɗaya da Inna ta iya wanda babu mai yinsa a unguwarmu, shi ne kek. Ba irin na shagunan Gaya ba, mai kala da ado. Nata guda ɗaya ne, faffaɗa, ruwan ƙasa, a tukunyar yashi take gasa shi, kuma ba a cinsa haka nan sai an kwarara masa mazarƙwaila da aka narka da madara, da ɗuminta. Baba yana kiransa tuwon Turawa, abin da ake zuba masa kuma miya. Sunan ya bi shi, har Inna ma miya take cewa. Ba ta yinsa sai da dalili, da Sallah ko idan Baba ya yi baƙi daga nesa, kuma ranar ba ta son kowa a madafi.

Da daminar da na samu gurbin jami'a na je Toranke yin sallama. Makarantar tana da nisa, Goggo ta riga ta ce mini ba kowane hutu zan riƙa dawowa ba. A mota, ina kallon gero ya yi kai a gefen hanya, na ƙudurta a raina cewa ba zan bar garin ba sai Inna ta dube ni ta yi mini magana, ni kaina, ko da kalma ɗaya ce.

Muna tsinke zogale da Kaka a ƙofar ɗakinta na ce, "Kaka, so nake Inna ta koya mini kek kafin in tafi."

Ba ta ɗago ba ta ce, "Kek kike so, ko so kike ki ritsa uwarki a lungu?"

Na ce, "Duka biyun."

Ta yi dariya har ta sarƙe, sai da na miƙo mata ruwa. Ta ce, "Ga goggonki can da furfura, har yau ban kira sunanta ba. Kin ga ta rame?"

"Ai kina ce mata ke."

"Ni tawa kunyar tana da iyaka. Ta uwarki da nono aka dama mata ita. Me za ki yi da ke ɗin, a akwati za ki sa ki tafi da ita?"

Na ci gaba da tsinkar ganye. Ta dube ni ta gefen ido, ta ce, "Ran Alhamis akwai suna a Balan. Zan kwashe yaran nan duka in tafi da su, in ga da wa za ta yi magana. Amma a ajiye mini rabona, gefen da ya fi laushi. Kin san haƙoran sun yi tafiya sun bar ni."

Da yamma na ji Kaka ta ɗaga murya tana ce wa Inna, "Baƙuwarki tana son ganin yadda ake tuwon Turawa." Inna ta ci gaba da tankaɗenta. Can ta ce, "To, a wanke yashi."

Yashin rafi ne, a wani tsohon buhu take ajiye shi a bayan rumbu. Na tankaɗe shi na fitar da tsakuwa, na wanke shi har ruwan ya daina yin ja, na baza a tabarma. Rana tana leƙowa tana komawa cikin gajimare, ni kuma ina ta juya shi da hannu ina roƙon kada a yi ruwa.

Ranar Alhamis Baba ya saɓa fartanya ya tafi gona, Kaka ta tasa ƙannena a gaba suka fita, ta waiwayo daga zaure ta kashe mini ido. Gidan ya yi tsit. Ban taɓa zama ni da Inna mu kaɗai ba.

Na manta da sauran mutanen gidan. Inna tana fitowa da ƙwarya ta ce wa kyanwa, "Ke, matsa, kin tare hanya." Kaza ta leƙo madafi, ta ce mata, "Wa ya kira ki?" Da ta ɗora babbar tukunyar ƙarfe a murhu, ta juye yashin a ciki, ta kara tafin hannunta a baki, har ita sai da ta tambaya, "Kin fara zafi kuwa?" Ina tsaye riƙe da muciya ina kishin tukunya.

Ni kuwa aka ce, "A zuba man shanu da sukari, a yi ta juyawa har ya yi fari."

Na zauna a kan turmin da aka kifa, na matse ƙwaryar da gwiwoyina, na fara juyawa. Man shanun na ruga ne, wanda aka soya da albasa ba ya yi, sai ɗanye, mai ƙanshin nono. Da farko sukarin yana ƙara a ƙarƙashin muciya kamar ana tafiya a kan tsakuwa, a hankali ƙarar ta yi ta raguwa har ta ɓace. Hannuna ya ƙage. Na ce, "Inna, na iya kuwa?"

Ta leƙa ƙwaryar ta ce, "Ana ƙoƙari."

Ta kawo ƙwan zabi, domin da damina shi ya fi samuwa, kuma ta ce ya fi na kaza ba da launi. Ɓawonsa yana da tauri, sai an buga da ƙarfi a bakin kwano. Kowane ƙwai a ƙaramin kwano ake fara fasa shi a shinshina, kada ɓatacce ya shiga ya lalata aiki. Na burga su da maburgi har suka yi kumfa. Na sake gwadawa, na ce, "Tsakanina da ƙanwata wa ya fi iya bugun ƙwai?"

Ta ce, "Kowa da hannunsa."

Inna ba ta sa hodar tashi ta kanti. Kanwa take jiƙawa tun da safe, ta tsiyaye ruwan saman, ta haɗa da nono mai tsami. Da ruwan kanwar ya taɓa nonon sai ya yi wani ɗan huci, ƙananan ƙwayoyi suka taso suna fashewa. Ta ce, "A yi sauri yanzu, ba ya jira." Tana barbaɗa fulawa ina juyawa, hannunta yana sama da nawa, garin yana sauka a bayan yatsuna kamar yayyafi. Hannayenmu iri ɗaya ne, ranar na lura, har ɗan karkacewar ƙaramin yatsa. Na so in faɗa mata, na kasa.

Ta shafe wata tsohuwar langa da mai, muka juye kwaɓin, ta buga gindinta a ƙasa don iska ta fita. Ta zaunar da ita a kan yashi mai zafi, ta ɗan nutsa ta, ta rufe tukunyar da faffaɗan murfi. Sannan ta janye itacen daga murhu ta bar garwashi kaɗan, ta kwashi sauran da wata mara ta ƙarfe ta baza a kan murfin. Ta ce, "Wutar sama ta fi ta ƙasa yawa. Kuma ba a buɗewa. In an leƙa shi fushi yake yi ya zauna."

Daga nan babu abin yi sai jira. Ta zauna a kujerarta 'yar tsugunne tana fuskantar murhu, ni ina kan turmi. Hadari yana haɗuwa ta gabas, iska mai sanyi tana kaɗa ganyen darbejiya, hayaƙi yana kwanciya yana tashi. Ta ɗauki tsinke tana tona toka, sai ta fara ba wa wutar labari. Ta ce tana amarya aka buɗe ajin mata a Gaya, ana koyar da karatu da ɗinki da girki, Baba ya kai ta ta zauna wajen Goggo na ɗan lokaci don ta shiga. Karatun bai zauna ba, ɗinkin ma haka, kek ne kawai ya biyo ta gida. Malamarsu a tanda take gasawa, ita kuwa da ta dawo ƙauye babu tanda, sai ta tuna yadda ake suyar gyaɗa a yashi. Na farko ya ƙone, na biyu ya fito da tauri har Kaka ta ce a ajiye a riƙa jifan akuya da shi. Miyar kuma don ta ɓoye taurin ta ƙirƙiro ta.

Ta sake tona tokar, ta ce, "Lokacin ana ciki." Ta faɗa a hankali, wutar take kallo. Sai da na ɗan jima na gane ni ake nufi, ni ce a cikin.

Tambaya ta zo mini har baki. So nake in ce, Inna, idan na tafi za ki yi kewata? Na buɗe baki, sai tambayar ta ƙi fita. Ashe ni ma ina da tawa kunyar, ban san inda na ajiye ta ba sai ranar. Abin da ya fito kawai shi ne, "Ƙanshi ya fara."

Ta ce, "Ya fara."

Ƙanshin ya cika tsakar gida, na man shanu da ƙwai da wani abu kamar ƙasar da aka yi wa ruwan farko. Kyanwa ta dawo ta zauna a tsakaninmu. Inna ba ta duba agogo, hancinta take bi. Da ƙanshin ya sauya, ya ɗan yi duhu, sai ta miƙe ta kwashe garwashin sama, ta ɗage murfin da tsumma a hankali don kada toka ta zuba. Kek ɗin ya taso ya yi tozo, ya tsage a tsakiya, launinsa kamar na tulun da aka gasa da kyau. Ta zare tsinke daga sabuwar tsintsiya ta goge, ta miƙo mini ba tare da ta juyo ba. "A soka a tsakiya." Na soka, ya fito a bushe. Muka kife shi a faifai yana tururi.

Na yi murna, amma murnar ba ta kai ciki ba. Aiki ya kusa ƙarewa, rana ta karkata, Kaka da yara suna hanya, jibi kuma zan koma Gaya in haɗa kaya. Kyanwa ta samu, kaza ta samu, tukunya ta samu. Na fara jin haushin kaina da na ɗauka kek zai yi abin da shekaru ba su yi ba.

Saura miya. Inna ta ɗora ƙaramar tukunya, ta farfasa curin mazarƙwaila da taɓarya ta zuba da ɗan ruwa. Ta narke ta yi baƙi-baƙi tana ƙyalli, aka tace ta da rariya saboda ɓawon rake, aka mayar. Ta zuba madarar shanu kaɗan-kaɗan tana juyawa, ta ce a rage wuta kada ta tsinke. Na janye itace. Ta sa ɗan man shanu, da dakakkiyar citta da kanumfari a bakin cokali. Miyar ta fara kauri, tana tafasa a hankali, tana yin ƙananan idanu suna buɗewa suna rufewa.

Ta ɗebo a ludayi ta hura, ta miƙo shi gefe, wajen da nake. Ta ce, "A ɗanɗana. Ina azumi."

Ban san tana azumi ba, na Alhamis da ta saba. Wato tun safe take aikin abin da ba za ta taɓa ba sai magariba, kuma yanzu ba ta da harshen da za ta dogara da shi sai nawa. Na karɓi ludayin na kurɓa. Ban shirya abin da ya biyo baya ba, rabinsa haushi ne, rabinsa tsokana irin wadda na koya wajen Kaka.

Ta ce, "Yaya?"

Na ce, "An ɗanɗana."

"Cittar ta ji?"

"Ana dai jin wani abu."

Ta ci gaba da juyawa, da ɗan sauri yanzu. "Zaƙin fa?"

"Wasu za su ce ya yi. Wasu kuma za su ce da saura."

Miyar ta yi wani kumbura, gefen tukunyar ya fara yin duhu. Inna ta juyo gaba ɗaya, ta dube ni cikin ido, girarta a haɗe, ta ce, "Ke, bar wasa, miyar nan za ta kama. Cittar ta ji, ko in ƙara?"

Idanunta ba baƙaƙe ba ne sosai, suna da ɗan ruwan zuma. Ban taɓa ganinsu daga gaba ba. Na ji kamar an ɗaga labule a ɗakin da na daɗe ina wucewa ta ƙofarsa. Bakina cike yake da zaƙi amma ban san ɗanɗanon komai ba, ban ma tuna ko akwai citta a duniya ba. Na ce, "Ki ƙara."

Ta juya ta ƙara, cokali guda cur. Tana cikin juyawa hannunta ya tsaya. Na ga bayan wuyanta, na ga ta ja ɗankwalinta gaba ta gyara abin da bai kwance ba. Ta ɗan jima a haka. Sannan ta ce wa murhu, da wata ƙaramar murya, "A miƙo tsumma."

Na miƙa mata. Ni ma ban dube ta ba. Muka sauke miyar, muka rufe ta kusa da garwashi don kada ta huce, na kwashe yashin na baza ya sha iska, ita kuma ta shiga ɗaki ta daɗe ba ta fito ba. Na zauna a kan turmi ina murmushi ni kaɗai, ina maimaita tsawar a zuciyata, ina jin yadda ta ja kalmar ta farko, gajeriya, da ɗan kaifi a ƙarshe.

Ruwa ya sauko daidai lokacin da su Kaka suka shigo da gudu, Baba ma ya biyo bayansu a jiƙe. Aka taru a rumfa. Na yanka kek ɗin, na sa wa kowa a kwanonsa, na kwarara miya mai ɗumi tana gangarowa ta gefe tana shiga tsagar. Baba ya ci ya yi gyaran murya, ya sha ruwa, ya ce tuwon Turawan yau ya zo da yaji, zai yi maganin sanyin damina. Ƙannena suna ci suna hura baki. Kaka ta matso kusa da ni, ta tsoma nata a miya har ya jiƙe, ta yi ƙasa da murya ta ce, "To, 'yar boko, an samu?"

Na ce, "An samu."

"Me ta ce?"

"Faɗa ta yi mini."

Kaka ta ce, "Madalla. Da ma shi kika rasa."

Da aka kira magariba na ɗumama sauran miyar, na zuba a kan babban yanki, na kai ƙofar ɗakin Inna na ajiye a bakin labule. Hannu ya fito ya ja kwanon ciki. Na tsaya a gefe kamar mai neman takalmi. Na ji ta yi bismilla, na ji ƙarar cokali, sai ɗan tari, sai kuma wata 'yar dariya da aka toshe da mayafi. Can ta ɗaga murya ta kira Kaka ta cikin ruwan sama.

"A gaya wa mai ɗanɗano cittar ta yi yawa."

Kaka ta ce, "Ga ta nan a ƙofarki, gaya mata da kanki."

Labulen bai motsa ba. Sai ƙarar cokali ta ci gaba, har ya fara kankarar gindin kwano.